Wai kai za ka riƙa biyan jam'iyya, Abba?

Wa alaikumus salam, Abba. Saƙonka na murya ya iso, ƙanwarka ce ta kunna mini. Kakarka na gefe tana gyaran zogale, sai da ta ajiye faranti don dariya. Wai abokin aikinka a asibiti ya ja ka taron jam'iyyarsu na unguwa, aka kwashe awa biyu ana gardama kan kuɗin haya da hanyar masu keke, aka watse ba wanda ya ba ka ko na mota. Ƙarshe ma sai aka miƙo maka takarda, wai in za ka shiga kai ne za ka riƙa biya duk wata. Kana tambaya ko al'adar Jamusawa ce haka, ko don an ga baƙo ne ake so a yi maka wayo. Ka kuma ce ka kasa gane yadda jam'iyyun da suka gama zagin juna a kamfe za su dawo su raba ministoci, ko wannan ba cin amana ba ne.

Ni ma na yi dariyar, amma daren nan ban runtsa da wuri ba. Karatun jinya aka tura ka. Kuma ko sunan jam'iyyar ba ka faɗa mini ba, ka ga alamar ba ka tambaya ba ke nan kafin ka zauna.

Abin da ya fi ba ni tausayi shi ne mamakin da ka yi. Mai sunanka, mahaifina Malam, Allah ya jiƙansa, tela ne a Zariya, kuma ɗan NEPU ne na a mutu. Katinsa da kuɗinsa ya saya, yana ajiye shi a aljihun keken ɗinkinsa ƙarƙashin zare da allurai, don a lokacin ba kowa ake nuna wa ba. In aka ce manyan jam'iyya za su zo lacca, su teloli da mahauta da masu faskare ke haɗa kwabo da sisi a sayi man mota. Ina yaro na taɓa tambayarsa me suke ba shi. Ya dube ni ta saman tabarau ya ce, “Kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski.” Bai ƙara ba, ya ci gaba da taka keke. Yau ga jikan ɗansa, mai ɗauke da sunansa, yana jiran ambulan ɗin kuɗi a ƙasar Jamus. Ba laifinka ba ne kai kaɗai. Kun tashi kun tarar siyasa ita ce atamfa da taliya da dubu biyu a bakin rumfar zaɓe, mu kuma da muka san ba haka aka fara ba muka yi shiru muka karɓa tare da ku.

To, al'adarsu ce, ba wanda ya cuce ka. Bari in ba ka labarin ranar da na gane haka.

A 1982 masaƙar da nake aiki a Kaduna ta tura mu Kirefel, can yammacin Jamus kusa da kogin Rayin, koyon gyaran injin saƙa. Wanda aka damƙa mu a hannunsa wani dattijo ne mai gashin baki, hannunsa kullum baƙi da giris, Turancinsa kamar nawa Jamusancin. Ɗan jam'iyyar SPD ne tun daga uba. Yana da wani ɗan jan littafi na jam'iyya, duk wata a manna masa ɗan kan sarki shaidar ya biya. Shi ne ma mai karɓar kuɗin unguwarsu, yana bi gida gida da jaka. Ya ce mini ubansa ya ɓoye irin wannan littafi tun daga 1933 da Hitler ya haramta jam'iyyar har yaƙi ya ƙare.

A lokacin Helmut Schmidt na SPD ne shugaban gwamnati, yana mulki da taimakon wata ƙaramar jam'iyya, FDP, ta su Hans-Dietrich Genscher. Tun 1969 jam'iyyun biyu ke tare, kuma a zaɓen 1980 da sunan za su ci gaba da Schmidt FDP ta nemi ƙuri'a. Sai aka ɓata kan kasafin kuɗi da yadda za a yi da rashin aikin yi. Ranar 17 ga Satumba ministocin FDP huɗu suka fice, jam'iyyar ta juya ta kama hannun Helmut Kohl na CDU. Aka sa ranar ƙuri'ar yankan ƙauna, 1 ga Oktoba. Juma'a ce, kuma ranar 'yancin Nijeriya, mun ma shirya dafa shinkafa da yamma mu 'yan gida.

Akwai wani ɗan Gana a cikinmu, ɗan Zangon Kumasi, muna Hausa da shi. Wata tara ke nan da Rawlings ya sake kifar da gwamnati a ƙasarsu. Da ya ji an ce yau za a tuɓe shugaba, tun da sassafe ya je ya jido burodi da kifin gwangwani ya cika ƙarƙashin gado, ya ce mu ma mu yi tanadi kafin a sa dokar hana fita. Ban yi masa dariya ba, ni ma na sayi kyandir.

Aka kafa talabijin a ɗakin cin abinci na masana'anta. Tun safe ake jawabai daga majalisar Bundestag a Bon, ma'aikata na shigowa suna fita da kofin gahawa. Dattijon nan ya zauna gaba, yana fassara mini rabi yana zagin Genscher rabi. Da wata mata 'yar FDP, Hildegard Hamm-Brücher, ta tashi, sai ɗakin ya yi tsit. Jam'iyyarta ta saɓa wa a bainar jama'a. Ta ce bai dace a sauke Schmidt ba tare da an koma wa masu zaɓe ba, kuma bai dace Kohl ya hau ta wannan hanya ba. Na ce wa dattijon, yau sai an kore ta. Ya girgiza kai, ya ce tsarin mulkinsu ya rubuta cewa ɗan majalisa zuciyarsa kawai yake bi. Za a yi mata fushi, za a iya hana ta takara gaba, amma kujerarta tata ce.

Aka jefa ƙuri'a a asirce, aka ƙirga. Kohl na bukatar 249, ya samu 256. Ina kallo da idona Schmidt ya tashi daga inda yake, fuska a ɗaure, ya taka ya je ya ba Kohl hannu. Shi ke nan. Dattijon ya ciro hankici ya share ido, ya faɗi wata kalma da ba zan maimaita maka ba, ya dubi agogo, ya ce mu koma bakin inji an ci lokacin kamfani. Da muka tashi na leƙa titi ina neman motar soja. Taragon lantarki na wucewa a kan lokacinsa, wata tsohuwa na jan kare. Burodin ɗan Kumasi da shi muka haɗa muka ci bikin 'yanci.

Washegari na tambayi dattijon me ya sa ba a sauke Schmidt tun ranar da ya rasa rinjaye ba. Ya ce doka ba ta yarda ba. Majalisa ba ta da ikon tuɓe shugaban gwamnati sai in a ƙuri'a guda ta zaɓi wanda zai gaje shi. Sun ɗanɗana kuɗarsu kafin Hitler: majalisa cike da ƙananan jam'iyyu, 'yan gurguzu da 'yan Nazi ba sa ga maciji amma sukan haɗu su hana ruwa gudu, ba kuma za su taɓa haɗuwa su kafa gwamnati ba. Da aka zo rubuta sabon tsarin mulki a 1949 sai aka toshe wannan ƙofa. Nan na tuna Malam in ya ga ɗayanmu zai bar aiki bai samu wani ba, yakan ce kada a saki reshe a kama ganye. Na kuma tuna abin da na baro a gida. Shekara guda kafin nan, a Yunin 1981, majalisar Kaduna ta tsige Balarabe Musa. Shi ɗan PRP, majalisa ta NPN, suka ƙi amince masa da kwamishinoni har aka rabu dutse a hannun riga. A Jamus da wuya a shiga irin wannan, domin jama'a ba sa zaɓen shugaban gwamnati kai tsaye, majalisa ce ke fitar da shi daga cikin rinjayenta.

Daga nan za ka gane zancen haɗakar da ke damunka. Bajamushe ƙuri'a biyu yake jefawa, ɗaya ga ɗan takarar mazaɓarsa, ɗaya ga jam'iyya, kuma ta biyun ce ke yanke kason kowa a cikin kujeru 630 na yanzu. Jam'iyyar da ba ta kai kashi 5 cikin 100 ba a mafi yawan lokaci waje take kwana, kamar yadda ya faru da FDP ɗin nan a zaɓen Fabrairun 2025. Da irin wannan rabo da wuya ɗaya ta samu rabi, saboda haka mai zaɓe ya san tun farko cewa da wani za a ci tuwon. Sai su zauna makonni suna ciniki, a rubuta yarjejeniya mai shafuka fiye da ɗari, haraji kaza, fansho kaza, ma'aikatar kuɗi ta wane. Bayan zaɓen Satumbar 2017 sai Maris na 2018 aka samu gwamnati. Kuma ka san wa aka jira a ƙarshe? Masu biyan kuɗin wata ɗin nan. SPD ta aika wa 'ya'yanta sama da dubu 400 takarda ta gidan waya, ku yarda mu shiga gwamnatin Merkel ko kada mu shiga. Irin mutanen da ka gani suna gardamar hanyar keke, su ne ƙasa guda ta tsaya jira. Su ne kuma ke zaɓen wakilan da ke tsayar da ɗan takara. Ka biya, ka samu baki.

Ko cin amana ne? Dattijona har na baro ƙasar bai yafe wa Genscher ba, kuma ba shi kaɗai ba. Shi kansa Kohl ya shirya aka rusa majalisa aka yi zaɓe a Maris 1983, ya ci, ya zauna har 1998. Wani lokacin kuma zaman 'yan marina ake yi, kowa da inda ya sa gaba, kamar gwamnatin jam'iyyu uku ta Olaf Scholz da ta watse a Nuwamban 2024. Ko Friedrich Merz na yanzu, ranar da za a naɗa shi a Mayun 2025, wasu daga cikin nasa suka noƙe a ƙuri'ar sirri, ya samu 310 alhali 316 ake nema, sai a zagaye na biyu ya tsallake.

Kada ka ɗauka waliyyai ne. A 1972 an gwada tuɓe shugaban gwamnati Willy Brandt ta wannan hanya, aka gaza da ƙuri'a biyu, daga baya ta fito cewa 'yan leƙen asirin Jamus ta Gabas sun saka kuɗi a ciki. Kohl ma ƙarshensa badaƙalar kuɗin gudummawa ce ta zubar masa da mutunci, ya ƙi faɗin sunan waɗanda suka ba shi. Abin da na gani shi ne doka ta fi su ƙarfi, kuma ta fito ne daga wuya da suka sha. Ni da na dawo, shekara guda da 'yan watanni, ranar ƙarshe ta 1983, na kunna rediyo a Kaduna na ji badujalar juyin mulki.

Maƙwabtansu masu yare ɗaya da su kowa da nasa salo. Ostiriya kusan irin Jamus ce, a 2024 jam'iyyar FPÖ ce ta zo ta ɗaya amma wasu uku suka haɗu suka kafa gwamnati ba da ita ba. Suwizalan kuwa mutum bakwai ne ke mulki daga manyan jam'iyyu, shugabancin ƙasa kuma karɓa-karɓa ne shekara shekara, har ɗan ƙasar kan manta wa ke kai bana. A jiharsu ta Gilarus da wani yanki na Afenzel har yau fili ake taruwa a ɗaga hannu. Komai sai an tambayi jama'a, kuma jama'ar ba kullum take yi maka daɗi ba: a 2009 da ƙuri'ar raba gardama suka hana gina hasumiyar masallaci.

Wannan ne ma ya hana ni barci. A zaɓen 2025 AfD, wadda ba ta ɓoye ƙin jinin baƙi irinka, ita ce ta biyu a Jamus, mutum ɗaya cikin biyar ya zaɓe ta. Sauran jam'iyyun sun ce ba za su haɗa gwamnati da ita ba, amma wanda ya zaɓe ta maƙwabcinka ne, wataƙila majinyacin da kake juyawa a gado. Kai ba ɗan ƙasa ba ne, ba ka da ƙuri'a, ko da yake wasu jam'iyyun kamar SPD da ta masu kare muhalli suna karɓar baƙo. Kakata takan ce baƙo raɓa, ɗan gari kaba. Ban ce ka shiga ba, ban ce kada ka shiga ba. Ka koma taron in an sake gayyatar ka, ka zauna baya, ka ga wa ke magana, wa ake saurara, ko akwai mai launin fatarka da aka bari ya kai ƙarshen zancensa. Takardar kuwa kada ka sa mata hannu sai ka gama jarrabawa, ka ɗauki hotonta gaba da baya ka turo wa babanka ya kawo mini, tare da sunan jam'iyyar da nawa suka ce a wata. Kakarka ta ce yajin da ta aiko ta hannun yaron Funtuwa, ka nemi shi kafin ya cinye.