Amsa ga jikana mai kyamara

Ja'iri, saƙonka ya iso, ƙanwarka ta karanta mini. Wai idan an ɗauke ka aiki a wajen wasa, ko laifi ne ka miƙe gaban manya ka ba su baya kana ɗaukar mawaƙi, da takalmi a ƙafarka, tunda aiki ne ya sa. Na yi dariya har da tari. Daga baya kuma jikina ya yi sanyi, wai jinina ne sai ya tambayi wannan.

Mu dai a majigi muka fara ganin hoto mai motsi. Mota ta zo, a kafa farin ƙyalle bayan isha'i, yara mu zube a ƙasa. An buɗe talbijin a Kaduna a 1962, amma wa ke da akwatin a Daura? Mai ɗaukar hoton kansa sai da na yi iyali na gan shi da idona.

Zamanin Sarki Muhammadu Bashar ne, tun Katsina ba ta zama jiha ba, ka san sai 1987 aka yanke mu daga Kaduna. Wani hakimi na aurar da ɗansa, aka kira masu kotso, aka share ƙofar gida aka yi yayyafi. Sai ga mutum biyu da kaya. Ɗaya da kyamara a kafaɗa, ɗaya rataye da akwatin kaset, igiya ta haɗa su kamar makaho da ɗan jagora. Tun la'asar mai kyamarar ya je ya faɗi ya yi gaisuwa. Daga nan ya nemi sanƙira, ya saya masa goro, suka zauna gindin bedi yana tambaya: wane ne mai farin rawanin can, wa zai zauna dama da hakimi, kirarin wa za a fara, wace mata ce ba a son a nuna. Kaset ɗinsu minti 20 yake ci ya cika, ga batir ba ya jimawa, dole mutum ya san inda waƙa za ta yi daɗi kafin ta kai wurin.

Da aka fara kiɗa, a kan gwiwa ya yi aikinsa, yana jan jiki ta gefen 'yan amshi. Can dare ya raba, makaɗin ya sassauta murya ya ambaci marigayi uban hakimin. Kowa idonsa na kan makaɗi, ni ma haka. Shi kuwa sai ya juya kyamara sannu zuwa wani tsohon bara da ke bayan taro, wanda shi ne zagin da ke tafe gaban dokin marigayin tun yana saurayi. Tsohon ya ja bakin rawani ya rufe fuska, kafaɗarsa na rawa. Sanƙira ne ya gaya wa mai kyamarar labarinsa tun da rana. Da safe na ga gwiwar wandonsa ta huje. Kakanka na wajen uwa, Allah ya jiƙansa, ya ce durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne, bare hakimi.

Ku yanzu na ga aikinku a bikin 'yar maƙwabcinmu. Fitila a idon dattijo yana tsakiyar cin tuwo. Wani abu mai ƙugi yana shawagi bisa kan mata. Mai liƙi ya ƙi sakin kuɗi sai an juyo masa kyamara, kuma kafin a tashi har an watsa a waya. Mahaifiyata takan ce ido ba mudu ba ne amma ya san ƙima. Naku na gilashi ne, ku za ku san masa ita.

Ban raina sana'arka ba. Shata ya rasu a 1999, nan Daura aka binne shi, kuma duk yaron da ya san yadda yake tsayawa gaban masu kalangu, albarkacin wani irinka ne da ya sha ƙura. Abin da ke damuna, masu kotso da taushi suna ƙarewa ɗaya bayan ɗaya, ku kuna can kuna bin masu fiyano. Ka zo Sallar Gani bana da kayanka, akwai wani tsoho da nake son in kai ka wurinsa tun yana iya ɗaga murya. Ka taho da hula, kada ka zo mini da wannan askin.