Ga likitan da ke son bin sawun Ali Pate: abin da na gani daga ƙasa

Wa alaikumus salam, Likita. Ka ce ka gama hidimar ƙasa, ka fara aiki a babban asibiti, kuma zuciyarka ta gaji da ganin mutane suna mutuwa saboda rashin jini, rashin wuta da rashin magani, abubuwan da ba a hannunka suke ba. Shi ya sa kake tunanin barin ɗakin duba marasa lafiya ka karanci gudanarwa, daga baya ka faɗa siyasa kamar yadda Farfesa Muhammad Ali Pate ya yi. Kana tambaya ko hanyar za ta ɓulle, ko kuwa cin amanar karatunka ne.

Ni ba likita ba ne, ɗana. Jami'in lafiya ne na matakin farko, a ƙananan asibitocin karkara da ofishin rigakafi na ƙaramar hukuma na yi aikina har na ajiye. Duk abin da zan gaya maka daga inda umarnin manya yake sauka na gan shi. Hanyar tana ɓullewa, kuma babu cin amana a cikinta. Sai dai ka haɗa sana'o'i uku ka kira su da suna ɗaya. Duba marar lafiya daban, tafiyar da hukuma daban, neman ƙuri'a daban. Wanda ka ɗauka abin koyi ma bai ci ukun duka ba.

Fara duba shekarun. An haife shi a Misau ta jihar Bauchi a 1968, ya gama karatun likita a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya a 1990. Ya yi aiki a Gambiya, ya tafi Rochester a Amurka ya ƙware a cututtukan cikin jiki da cututtuka masu yaɗuwa. Ya ƙara da digirin tsarin kiwon lafiya a Landan da na gudanar da kasuwanci a Jami'ar Duke. A 2000 ya shiga Bankin Duniya, inda aikinsa ya koma zama da ministocin kuɗi da na lafiya na ƙasashe daban-daban ana lissafin yadda za a kashe ɗan abin da ake da shi. Sai ƙarshen 2008 marigayi Shugaba Umaru Musa 'Yar'aduwa ya ba shi shugabancin Hukumar Bunƙasa Lafiya a Matakin Farko, wato NPHCDA. Tsakanin fitowarsa daga Zariya da wannan kujera shekara 18 ne. Matasa da dama kujerar suke hangowa, ba sa ƙirga waɗannan shekarun.

Ka san halin da ya tarar? A 2003 aka dakatar da rigakafin shan inna a Kano da wasu jihohin Arewa, bisa jita-jitar cewa an sa masa abin hana haihuwa. Mutane suna da dalilin tsoro, domin ba su manta da gwajin maganin Trovan da kamfanin Pfizer ya yi a Kano lokacin annobar sanƙarau ta 1996 ba. An dawo da rigakafin a 2004, amma amana ba ta dawo ba. A 2008 yara kusan 800 cutar ta shanye a Najeriya.

Mu da muke bin gida-gida a lokacin mun sha wuya. Za ka tashi da asuba ka cika akwatin sanyi da ƙanƙara, ka raba wa mata masu ɗigawa, ka ja musu kunne su riƙa duba ɗan tambarin da ke jikin kwalbar, idan ya yi duhu maganin ya lalace. Su shiga unguwa, maigida ya tsaya a bakin zaure ya ce babu yara, alhali kana jin kukansu a ciki. Wata uwa ta taɓa tare ni da maganar da har yau ban samu amsar da ta fi ƙarfinta ba. Ta ce ɗanta ya yi zazzaɓi ta kai shi asibiti an ce ta sayo magani, ba ta da kuɗi, amma ga shi mun biyo ta har ɗaki da ɗigo kyauta kan cutar da ba ta taɓa gani a gidanta ba. Da yamma sai mu rubuta gidajen da suka ƙi a takarda mu tura sama, takardar ta kwanta a fayil, wata mai zuwa mu sake komawa gidajen su sake ƙi.

Abin da ya sauya a 2009 shi ne wanda yake karanta wannan takarda. Hukumar ta je wurin Mai Alfarma Sarkin Musulmi Muhammad Sa'ad Abubakar, aka kafa kwamitin sarakunan Arewa kan lafiya a matakin farko, gwamnoni kuma suka sa hannu a kan alkawari a Abuja. Daga nan sai ga hakimi yana zuwa taron bitar da muke yi kowace yamma. Na ga ranar da aka karanto sunayen gidajen da suka ƙi a wata unguwa, hakimin bai ɗaga murya ba, ya juya ya tambayi dagaci ko ya san masu gidajen. Dagacin ya ce ya san su. Washegari mai unguwa da kansa ya shige gaba, matan suna biye, ya yi sallama a kowane zaure ya kira maigidan da sunansa. Kafin azahar an shafa wa yaran tawada a ƙaramin yatsa, an rubuta alli a bango. A garin nan hakimin ya ɗiga wa jikansa a bainar jama'a kafin a ɗiga wa ɗan kowa. A 2010 adadin yaran da suka kamu a duk ƙasar ya sauko zuwa 21.

Ka lura, babu ko ɗaya daga cikin wannan da ake koyarwa a ajin likitanci. Sanin wanda jama'a suke jin maganarsa, da yarda ka je ka durƙusa a gabansa duk da tarin takardunka, da tabbatar da cewa alawus ɗin mai ɗigawa ya isa hannunta, shi ne aikin. Amma ilimin likitan ne ya sa ya san inda za a matsa, ya kuma iya tsayawa gaban malamai da sarakuna ya amsa tambaya a kan maganin ba tare da inda-inda ba. Wannan haɗin nake so ka gane.

Kada kuma a ɗora wa mutum ɗaya abin da dubban mutane suka yi. Cutar ta sake tasowa a 2011 da 2012, lokacin yana ƙaramin ministan lafiya. A Fabrairun 2013 aka harbe ma'aikatan rigakafi tara a Kano, yawancinsu mata, Allah Ya jiƙansu. An sake samun cutar a Borno a 2016, kuma sai Agustan 2020 aka ayyana Afirka ta rabu da ainihin ƙwayar shan inna, shekara bakwai bayan ya ajiye muƙamin a Yulin 2013. Idan ka shiga wannan layi, da yawa daga abin da ka shuka wani ne zai girbe.

Akwai kuma inda kujera take gazawa, ko da mai ita yana da niyya. Shirin ungozoma na 2009 tunani ne mai kyau. Aka ɗebi sababbin ungozoma da marasa aiki da waɗanda suka yi ritaya aka tura su asibitocin karkara, a kan cewa gwamnatin tarayya za ta biya kaso mafi girma na alawus, jiha ta ƙara, ƙaramar hukuma ta ƙara ta kuma ba da masauki. An kawo mana su, awon ciki ya cika, mata suka fara zuwa daga ƙauyukan da ba ma ganinsu da. Amma kason jiha da na ƙaramar hukuma ya riƙa makara, wani lokacin ya ɓace gaba ɗaya. Wata daga cikinsu, yarinya mai ƙwazo da ta zo daga nesa, a ɗakin ajiyar kaya na asibiti take kwana, tana karɓar haihuwa da tocila. Ta yi haƙuri iya haƙuri, ranar da ta tafi ban iya ce mata ta zauna ba. Shugaban hukuma a Abuja ba shi da ikon tilasta wa gwamna ko ciyaman ya biya. Lafiya a ƙasar nan a rabe take tsakanin matakan gwamnati uku, kuma asibitin da talaka ya fi kusa da shi yana hannun matakin da ya fi rauni. Tun 2001 shugabannin ƙasashen Afirka suka yi alkawari a Abuja cewa za a ware kashi 15 cikin ɗari na kasafin kuɗi ga lafiya, gwamnatin tarayya ba ta kai ba. Saboda haka idan takaicin rashin jini da rashin wuta ne yake korarka daga asibiti, ka sani za ka same shi a ofis, sai dai a can a takarda zai zo maka, kuma ba za ka ga fuskar wanda ya mutu ba. Wannan rashin ganin fuskar shi ne abin da na fi ji maka tsoro, domin na ga likitocin kirki da suka hau kujera, cikin 'yan shekaru suka koma ba sa jin komai sai alƙaluma.

Ina ganin wannan gazawar ce take tura irinsu neman kujerar zaɓe, tunda kuɗin da ikon suna hannun gwamna. A nan ne labarin Pate ya kamata ya sa ka tsaya. Ya tsaya takarar gwamnan Bauchi a jam'iyyar PRP a 2019 bai ci ba, Bala Mohammed ne ya ci. Ya nemi tikitin APC a 2022, Sadique Abubakar ya samu. Wannan mutum ne da Bankin Duniya ya ba shi jagorancin sashen lafiya gaba ɗaya a 2019, ya koyar a Harvard, aka zaɓe shi ya shugabanci Gavi, ƙungiyar da ke tallafa wa rigakafi a duniya, a farkon 2023, ya haƙura da ita ya dawo gida Shugaba Tinubu ya naɗa shi ministan lafiya a watan Agusta na shekarar. Duk inda ake duba takardu da aikin baya, ya wuce. Inda masu ƙuri'a da daliget ɗin APC suke yanke hukunci, bai wuce ba. Daliget yana tambayar wa ya zo ta'aziyyar mahaifinsa, wa ya riƙe jam'iyya lokacin da ba ta da mulki, wa zai ɗaga wayarsa bayan an rantsar. Ba ina yabon tsarin ba ne, yana ɓata min rai ƙwarai, amma haka yake.

Likitocin da suka ci zaɓe kuwa sun daɗe a cikin siyasar kanta. Ifeanyi Okowa daga ƙaramar hukuma ya faro, ya yi kwamishina, ya yi sanata, kafin ya zama gwamnan Delta a 2015. Yana shugaban kwamitin lafiya na majalisar dattawa aka yi Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014, wadda ta ware aƙalla kashi 1 cikin ɗari na kuɗin shigar tarayya ga lafiya a matakin farko. Olusegun Mimiko ya yi kwamishinan lafiya a Ondo kafin ya zama gwamna a 2009 ya kawo shirin Abiye na mata masu juna biyu. A nan Arewa abin ba baƙo ba ne. Dakta Barau Dikko, likita na farko daga Arewa, yana cikin waɗanda suka kafa Jam'iyyar Mutanen Arewa, kuma Dakta Dalhatu Tafida ya yi ministan lafiya ya kuma yi sanata. Amma idan ka tambaye ni wanda ya fi barin alama a aikin da na yi, Farfesa Olikoye Ransome-Kuti ne, likitan yara da ya riƙe ma'aikatar lafiya daga 1985 zuwa 1992. Naɗa shi aka yi. Shi ya ɗora ƙasar nan a kan tsarin lafiya a matakin farko, kuma a ƙarshen zamaninsa aka kafa hukumar da Pate ya zo ya shugabanta.

To, ɗana, kada ka fita yanzu. Pate da kansa ya faɗa a 2024 cewa likitoci masu lasisi a ƙasar nan kusan 55,000 ne, kuma kimanin 16,000 sun tafi waje cikin shekara biyar. Duk wanda ya tashi daga gefen gado, akwai layin mutanen da babu mai duba su. Ka shiga horon ƙwarewa ka gama. Idan zuciyarka ta karkata ga tsari da gudanarwa, akwai fannin lafiyar al'umma, wanda zai ba ka duka biyun. Ka nemi a tura ka babban asibitin ƙaramar hukuma ka riƙe shi na wasu shekaru, inda kai ne za ka nemo man janareto, ka sasanta mai harhaɗa magani da ma'aji, ka zauna da kwamitin unguwa, ka je sakatariya ka bi fayil daga tebur zuwa tebur. A nan za ka gane ko kana da haƙurin wannan aiki. Digirin lafiyar al'umma ko na gudanarwa ya biyo baya, lokacin da kake da tambayoyin da za ka kai aji. Ka koyi karanta kasafin kuɗi da dokar sayen kayan gwamnati sosai, domin a nan ake rufe wa likitoci ido, a nan kuma sunan mutanen kirki yake ɓaci saboda sa hannu a takardar da ba su fahimta ba.

Maganar takara ka ajiye ta tukuna. Ma'aikacin gwamnati sai ya ajiye aiki kafin ya tsaya zaɓe, kuma kana da iyaye da ƙanne da suke jiran albashinka. Idan lokacin ya zo kuma kana so, ka fara da yankar katin jam'iyya a mazaɓarka, mutane su san ka a wurin suna da jana'iza tun kafin fastarka ta fito. Duk inda ka samu kanka kuma, ka ci gaba da sabunta lasisinka, ka ware ko da yini ɗaya a mako kana duba marasa lafiya. Allah Ya yi maka jagora.