Wasiƙar harajin kan sarki ta zo: kana da kwana 30 ka ce ba ka yarda ba

Tambaya: Assalamu alaikum. Ina da kamfani mai rajista, muna sarin siminti da rodi. Hukumar haraji ta aiko wasiƙa cewa tana bin mu harajin kan sarki (wato harajin da ake biya a kan takardun yarjejeniya) na shekarun baya a kan takardar hayar sito da kwangilolin da muka yi, har da tara da kuɗin ruwa. Ba wanda ya kira ni aka duba takardu tare, ga shi sun ce za su riƙe asusunmu na banki. Ina da ta cewa kuwa?

Amsa: Wa'alaikumus salam, Alhaji. Kana da ta cewa, amma lokacinka ƙayyadadde ne, kuma nan ne 'yan kasuwarmu suka fi yin asara. Sashe na 36 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi kafin a yanke masa hukunci, ya kuma shafi hukumomin gwamnati, dole dokar da suke aiki da ita ta bar wa mutum ƙofar kare kansa. A harkar haraji ƙofar ita ce takardar ƙin amincewa, cikin kwana 30 daga ranar da wasiƙar ƙiyasin ta iso hannunka. Idan suka wuce ba ka rubuta komai ba, shiru ma amsa ce: doka za ta ɗauka ka yarda, bashin ya tabbata. Zuwa ofis a gaisa da jami'i ya ce "kada ka damu, za mu duba" ba ya tsayar da lissafin kwanakin nan ko kaɗan.

Saboda haka ka rubuta yau. Kada ka tsaya a "kuɗin sun yi yawa". Ka nemi su lissafo kowace takarda, ranarta, da kason da suka ɗora mata, domin wannan haraji a kan takarda yake, ba a kan cinikin shekara ba. Sannan ka buɗe fayilolinka. Idan ma'aikatar gwamnati ka kai wa siminti, a shekarun baya sau da yawa tun wajen biya take cire kashi 1 cikin 100 da sunan kan sarki. Ka nemo takardar biyan da ta nuna an cire, ka haɗa kwafinta, don kada ka biya sau biyu. Ka kai takardar ƙin amincewar da hannu, a buga wa kwafinka hatimin karɓa mai kwanan wata. Wannan hatimin shi ne shaidarka gobe.

Ta hayar sito kuwa, gaskiya wanda ya kama hayar ne ke biya. In ba a buga mata kan sarki ba, ka biya wannan ɓangaren, ka yi jayayya a kan sauran.

Dokokin haraji da aka sa wa hannu a watan Yunin 2025, suka fara aiki a Janairun 2026, sun maye gurbin FIRS, tsohuwar hukumar tara harajin tarayya, da sabuwar hukuma mai suna NRS, sun kuma ba hukuma kwana 90 ta amsa ƙin amincewarka. In ta ƙi gyarawa, kana da wasu kwana 30 ka je Kotun Ɗaukaka Ƙarar Haraji, wadda ke da mazauni a Kaduna da Bauchi da Jos da Abuja, daga nan sai Babbar Kotun Tarayya idan batun fassarar doka ne.

Maganar asusu fa? Doka ta ba hukuma ikon sa banki ya biya ta daga kuɗinka, amma hujjarka ita ce bashin da ake jayayya a kansa bai tabbata ba tukuna. Ka kai wa manajan bankinka kwafin takardar mai hatimi tun yanzu, kuma ranar da aka taɓa asusun ka sa lauyan da ya san haraji ya nemi umarnin kotu.