Malam, za a maida mu tsohon matsayinmu, ko mu ba da goro?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ma'aikacin jami'a ne ɓangaren ofis, an ɗauke ni a ƙaramin mataki daga baya na yi digiri, da ogan sashenmu ya yi ritaya aka ce in riƙe kujerar, yau shekara 3 ke nan. Yanzu za a ɗau sabbin ma'aikata kowa hankalinsa a tashe wai za a maida mu inda muka fito, alawus ma ya tsaya. Wani ya ce mu haɗa kuɗi a kai wa wani babba goro, wani ya ce in sun zo kar a nuna musu aiki. Ya halatta?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗan'uwa na ji maka wallahi, mutum ya saka yara makaranta ya kama haya a kan wani albashi sannan a ce zai ragu, dole barci ya gagara. Amma kafin komai je ka buɗe jakar takardunka ka ɗauko takardar da aka ba ka ranar da ka hau kujerar nan, me aka rubuta? Hukuncin a nan yake, saboda Allah Ya ce ku cika alƙawura a farkon Suratul Ma'ida, kuma ya zo a hadisi musulmi suna kan sharuɗɗansu.

In riƙon ƙwarya ta ce, toh kujerar amana ce aka ba ka ajiya, ranar da aka kawo wanda za a tabbatar ba a zalunce ka ba ko da kuwa ka fi shi sanin aikin. Haƙƙinka shi ne alawus ɗin duk watan da ka riƙe, wannan ka bi shi har kobon ƙarshe. Sayyidina Umar ya sauke Khalid bin Walid daga jagorancin runduna a Sham ya ɗora Abu Ubaida, Khalid bai yi yaji ba, ya ci gaba da yaƙi a ƙarƙashinsa, kuma wa ya kai Khalid sanin yaƙi?

In kuma kwamiti ya zauna ya ɗaga ka da takardar tabbatarwa, sannan a ce ka koma ƙasa don a saka ɗan wani, wannan zalunci ne ƙarara, kar ka yi shiru ka ce haƙuri. Rubuta koke, ka bi ta ƙungiyarku ko SSANU ce ko NASU, har majalisar gudanarwar jami'a, in ta ƙi akwai kotun ma'aikata.

Batun goro kuwa mu kira shi da sunansa, rashawa ce, Manzon Allah (SAW) ya la'anci mai bayarwa da mai karɓa, hadisin Abdullahi bin Amr ne a wurin Abu Dawud da Tirmizi. Na san za ku ce ai wasu malamai sun yi rangwame ga wanda aka danne wa haƙƙi ba shi da mafita sai ya biya, haka ne, amma wannan haƙƙin da ya tabbata ne kuma duk ƙofofi sun rufe, ku kuwa jita-jita kuka ji ko takarda ɗaya ba ku rubuta ba tukuna.

Ɓoye wa sabbi aiki shi ya fi ɓata min rai. Yaron nan me ya yi maka? Shekara nawa yana yawo da satifiket a ambulan. Kuma ba shi zai sha wahalar ba, ɗalibar da ta zo tun safe daga wani gari ta tsaya bakin taga tana jiran sakamakonta aka ce ba a ga fayil ba ita ce za ta sha, albashin da ka karɓa a ranar kuma akwai haram a ciki.

In an tallata kujerar ka nema kamar kowa, ka faɗi shekarun da ka yi kana riƙe ta ba kunya, Annabi Yusuf (AS) ma ya ce a ɗora shi kan taskokin ƙasa don shi mai tsarewa ne masani. Turo min abin da takardar ta ce mu duba tare. Wallahu a'alam.