Amsa: Shin Tunde Onakoya ne zakaran duniya a wasan ces?

Malam, ka ce gardama ta kaure a majalisarku a Gusau kan ko Tunde Onakoya, ɗan wasan ces na Najeriya, shi ne zakaran duniya. Ba shi ba ne. Bajintarsa ta juriya ce: a Afrilun 2024 ya shafe awa 60 yana wasa a dandalin Times Square na birnin New York, don tara kuɗin karatun yara marasa galihu. Abin yabo ne, amma wannan daban, kambun duniya daban.

Wanda ya ci kambun a Disambar 2024 shi ne Gukesh ɗan Indiya, yana da shekara 18 kacal. Ya doke Ding Liren na ƙasar Sin a Singafo, maki 7.5 da 6.5, kuma sai a wasan ƙarshe aka rabu, bayan Ding ya tafka kuskure. Shahararren tsohon zakaran duniya Garry Kasparov ma sai da ya kai shekara 22 kafin ya ci kambun, a 1985.

A ganina dai Magnus Carlsen na Norwe ya fi su duka ƙarfi. Ya riƙe kambun tun 2013, ba wanda ya ƙwace, shi da kansa ya ƙi kare shi a 2023.