The Room a kwamfuta: abin da na gani bayan na buga na waya

Salamu alaikum. Ɗan'uwa, ka ce ka taɓa buga wasan The Room a waya, kana so ka ji ko na kwamfuta ya cancanci a kashe masa kuɗi, kuma ko tsohuwar laftof ɗinka za ta ɗauke shi. Na buga duka biyun, ga abin da na gani.

Kamfanin Fireproof Games na Ingila ne ya fitar da shi a 2012, a kan iPad tukuna. Wato tun asali don yatsa aka gina shi: ka murɗa mabuɗi da hannunka, ka jawo aljihun tebur, ka zame murfi. Wannan daɗin ba za ka same shi duka da linzamin kwamfuta ba, gaskiya ɗaya ce. Daren farko hannuna ya yi ta kaiwa ga allon.

Amma da ya iso Steam, shagon sayar da wasannin kwamfuta ta intanet, a 2014, ba kwaso shi kawai suka yi suka zuba ba, sun sake gyara zanen. A nan ne na kwamfuta ya ƙwace. A babban allo kana ganin jijiyar katako, da tsatsar da ke jikin ƙarfe, da ɗan tsagin da a waya sai ka wuce shi sau goma ba ka lura ba. Kuma wasan nan kacokan a kan lura yake. Akwati ne a cikin akwati, kowanne da sirrinsa, ga wasiƙun wani mai sa hannu da A.S. yana ba ka labarin abin da ya kira Null, ga tabarau mai ido ɗaya da ke nuna maka rubutun da ido ba ya gani.

Ni abin da ya ɗaure ni da shi, adakar kakata ce a gidanmu na Kofar Sauri. Muna yara ba a bari mu taɓa ta, kullum da kwaɗo, mabuɗin a ƙulle a bakin zaninta. Ranar da na buɗe akwatin farko a wasan nan, cikin dare lokacin hunturu, an ɗauke wuta, gari tsit, sai wannan tsohon ɗokin ya dawo mini sabo fil. Shi ya sa nake roƙonka ka buga shi da dare, da abin ji a kunne. Ƙarar sakata idan ta faɗa gurbinta, da iskar da ke kaɗawa a ɗakin, rabin wasan ke nan.

Batun laftof kada ya dame ka, wasan nan ba shi da nauyi. Tawa ta kwana biyu a duniya kuma ta ɗauke shi lafiya, sai dai lokacin zafin Katsina ina ɗora ta a kan katako don fankarta ta sha iska. Da dala ake saye a Steam, don haka ka tabbatar katinka zai biya. Idan ka sauke shi sau ɗaya, kana iya bugawa ba tare da intanet ba.

Gajere ne, cikin 'yan awoyi za ka gama. Idan ya shige ka, na biyu ya zo kwamfuta a 2016, na uku a 2018, sai na huɗu, Old Sins, a 2021, wanda aka gina a kan wani ɗan gidan wasan yara mai ɗakuna da yawa. Na ukun ma ƙarshensa ya fi ɗaya.

Don Allah idan ka maƙale kada ka ruga YouTube. Wasan da kansa yana ba da ɗan haske idan ka daɗe a wuri ɗaya. Akwai wani faifai da ya riƙe ni kwana biyu, sai ina hanyar dawowa daga sallar asuba na tuna ban taɓa leƙa ƙafafun akwatin ba.