Wai don ganga ce aka hana Antonio Sanchez shiga Oscar?

Tambaya: Malam barka da aiki. Ni makaɗin ganga ne, ina so in shiga harkar kiɗan fim, sai wani ɗan situdiyo ya ce min in manta kawai, wai ko Antonio Sanchez na Meziko da ya yi kiɗan fim ɗin Birdman korarsa aka yi daga gasar kyautar fina-finai ta Oscar don ganga ba kiɗa ba ce. Wallahi jikina ya yi sanyi, ko in koma piyano ne?

Amsa: Ƙanena kar ka ajiye sandunanka saboda surutun wanda bai san zancen ba. Sanchez haifaffen birnin Meziko ne a 1971, tun yana ɗan shekara 5 yake kaɗa ganga, ya yi piyano a makarantar kiɗa ta ƙasarsu, ya wuce kwalejin kiɗa ta Berklee a Boston a 1993, sannan ya daɗe yana kaɗa wa shahararren mai jita Pat Metheny. Kiɗan Birdman ɗin da ake maka gori da shi ya ci kyautar kiɗa ta Grammy a 2016, bayan nan ma shi aka ba kiɗan shirin talabijin na Get Shorty a 2017. To ina ganga ta gaza?

Abin da ya faru a ƙarshen 2014 shi ne daraktan Birdman, Inarritu, ya zuba kiɗan tsofaffin mawallafan kiɗan Turai irin su Mahler da Tchaikovsky da Ravel a fim ɗin, sai kwamitin kiɗa na Oscar ya ce kiɗan aro ya yi yawa, ya surka aikin Sanchez. Su Sanchez sun ɗaukaka ƙara aka ƙi. Ni dai a ganina an zalunce shi, mutanen ofis ne suka riƙe ƙa'ida suka toshe kunne, amma ka lura kiɗan wasu ne ya ja masa, kuma fa da izini aka saka shi.

Nan ne raina ke ɓaci, don kullum sai na haɗu da masu cewa kiɗan fim ai cike gurbi ne, a gama ɗauka a gama editin, sai edita ya shiga intanet ya sauko da sautin Indiya ko na Koriya ya manna ƙarƙashin kukan jaruma, ba izini ba komai, ranar da aka ɗora a YouTube masu kayan su kama, kuɗin talla ya koma aljihunsu ko a sauke fim ɗin gaba ɗaya, furodusa ya zo yana salati. Makaɗin da aka ba dubu kaɗan ya yi minti biyar kuma sunansa ya nutse cikin kayan sata, gobe ba shi da abin da zai nuna ya ce nawa ne.

Shi Sanchez tun kafin a kunna kyamara aka kira shi. A wani situdiyo a New York darakta ya zauna gabansa ido rufe yana hasko fitowar a ransa, in jarumi ya buɗe ƙofa ko ya sha kwana sai ya ɗaga hannu, Sanchez ya canza kari nan take. Da aka haɗa fim aka ga sautin ya cika tsafta, sai ya sassauta fatun gangunan ya sake kaɗawa yana kallon hoton, don ya dace da tsohon gidan wasan da labarin ke ciki.

Don Allah duk furodusan da ya neme ka, ka karɓi labarin ka karanta tun kafin a fita lokeshan, ku rubuta a takarda wa ke da kiɗan da inda za a sa sunanka, ka kuma tambaye shi ƙarara ko akwai sautin wani da zai saka, in akwai ya nuna maka izinin.